Mahaukaciyar Tsutsa a Dajin Aili

A garinmu Norvik, can arewacin Minnesota, da wuya ka leƙa bayan gidan wani ba ka tarar da shukar Verna Skogen ba. Shekara arba'in da ɗoriya matar nan ta yi tana rabon tsirrai. Duk watan Mayu, da ƙanƙara ta narke ƙasa ta saki, sai ta fito da shebur ta shiga tsattsaga gindin furanninta tana cusawa a tsofaffin bokitan ayis-kirim. Amarya ta tare, Verna ta kai mata. Aka yi haihuwa, ta kai. In rasuwa aka yi, sauran mata su kai abinci a tire, ita ta kai abincin ta haɗa da shuka. Kuma ba ta ba da tsiro tsirara. Sai ta cika bokitin taf da ƙasar lambunta, ta danna da tafin hannu, ta ce, "A dasa shi da ƙasar gidansu, kada ya yi kewa." Tana ji da ƙasar nan ba kaɗan ba, musamman da ta lura 'yan shekarun nan ta ƙara laushi, ta koma tsaki-tsaki kamar garin kofi. Duk wanda ya tsaya gaishe ta ta kan shinge sai ta ɗebo ta nuna masa.

Aminiyarta guda ɗaya ce a duniya, Aili Rautio. Tun suna 'yan mata suke tare, tare suka yi waƙa a coci, tare suka tsufa. Aili da mijinta Eino suna da dajin itatuwan mapul bayan gidansu, ya miƙe har bakin tafki. Eino ke tatsar itatuwan yana dafa ruwan zaƙinsu, amma ƙasan dajin na Aili ne. In bazara ta shigo, fararen furanni masu kunne uku sukan rufe shi ruf, ruɓaɓɓen ganye kuwa in ka taka sai ƙafarka ta nutse har idon sawu. Da ciwo ya kwantar da Aili, ta kama hannun Verna a asibiti ta ce, "Kin san Eino, bai san fure da ciyawa ba. Ki kula min da dajin." Verna ta yi mata alkawari. Bayan kwana tara Aili ta cika, aka ƙona gawarta aka watsa tokar a gindin wani babban dutse a tsakiyar dajin kamar yadda ta bar wasiyya.

Verna ta riƙe alkawarin nan da hannu bibbiyu. Duk ranar Talata, daga narkewar ƙanƙara har zubarta, sai ta loda wasu daga bokitan da ta cika tun watan Mayu a bayan tsohuwar motarta ta nufi gidan Eino, ta dasa furanni da 'yan ganyayen da ke son inuwa kewaye da dutsen.

A shekara ta uku dajin ya fara sanƙo. Ruɓaɓɓen ganyen nan ya ɓace kamar an share da tsintsiya, saiwoyin itatuwa suka fito fili, fararen furannin suka koma ɗaya nan ɗaya can. In an yi ruwa sai ƙasar ta bi shi ta gangara. Verna ta rasa barci a kan abin, har ranar da ta tsaya shan mai ta ga wata takarda manne a ƙofar shagon kayan kamun kifi. Takardar ta ce dazuzzukanmu ba su san tsutsar ƙasa ba tun fil'azal, baƙuwa ce a nan, ita ke cinye ganyen da dajin ke rayuwa a kai, kuma masunta ne ke yaɗa ta in sun juye ragowar tsutsar fatsarsu a bakin ruwa. Verna ba ta ƙarasa karantawa ba. Shekara talatin tana ganin Eino da idonta yana kife gwangwanin tsutsarsa a bakin tafkin nan. Ta manta ma da man da ta zo sha, ta ja mota.

Mu mutanen Norvik ba ma faɗa. In mutum ya yi maka abin da ya kai a kira 'yan sanda, iyakarka ka dubi takalminka ka ce, "To, wannan kuma daban ne." Verna ma haka take da kowa, ban da Eino. Tun daga ranar, ziyarar Talata ta zama kashi biyu, shuka da zagi. Tana kashe mota za ta tarar da shi a baranda, dogo siriri, da kofuna biyu na kofi a gabansa.

"Ina kwana, Verna."

"Kwanan lafiya ya ƙare ai, tunda ka saki dabbobinka suna kiwo a kan matarka. Yau gwangwani nawa ka juye?"

"Na daina, na gaya miki."

"Ka daina. Bayan sun ci sun ƙoshi sun yi jikoki. Mutum da gemunsa fari fat, a ce bai san inda kwandon shara yake ba. Duk don wane kifi ma? Kifin da in ka kamo sai an sa tabarau kafin a gan shi a kasko."

"Kofinki zai huce."

Sai ta zauna ta sha, tana sha tana ci gaba daga inda ta tsaya. Eino ba ya tankawa. Wani lokaci ma har gyaɗa kai yake yi, kamar mai sauraron hasashen yanayi a rediyo. Wannan shirun nasa ya fi komai ƙona mata rai, don a wurinta shirun mai laifi ne wanda bai damu ba. In ta shanye, ta kinkimi bokitanta ta shiga daji, ta daɗe a gindin dutsen tana dashe tana kai wa Aili ƙararsa. Shekara biyu aka yi a haka, dajin kuwa sai ƙara tsiraita yake yi.

Verna ce shugabar ƙungiyar masu lambu ta garin, tun da aka kafa ta ba a taɓa samun wadda ta yi ƙarfin halin neman kujerar ba. A watan Agustan bara ta ji labarin wata malamar gona a gundumarmu, Pakou Vang, wadda ke zagayawa tana koya wa mutane gwajin tsutsa da ruwan mastad, wani gari mai yaji da ke koro ta daga ƙasa. Nan take dabara ta faɗo mata. Za ta gayyato yarinyar, a fara gwajin a lambunta kowa ya ga yadda lafiyayyar ƙasa take, daga nan a ɗunguma dajin Eino a ga aikin masunta. Ba wai don ta tozarta shi ba, in ji ta. Don ilimi ne.

Da ta gaya masa ranar Talata, Eino ya ajiye kofinsa.

"Verna, da kin bar maganar nan."

"Au, yau ka sami baki?"

"In dai gwajin ne, ku yi a dajin kawai. Ki bar lambunki."

"A'a, sai an ga fari kafin a gane baƙi. Asabar, ƙarfe goma. Ka zo, kuma ka sa riga mai maɓalli."

Ta tafi ranta fes. Shekara biyu tana jifa, sai yau ta ji ƙarar abin da ta sama.

Asabar ta yi, mata goma sha huɗu suka jeru a kujerun roba a bayan gidan Verna, kowa da kofi da yankan kek na lemun tsami a cinya. Marlys Pribyl, ma'ajiyar ƙungiya, ita ce a gaba da sabon farin takalminta. Eino ya zo da riga mai maɓalli, ya tsaya can baya jikin shinge yana juya hularsa. Pakou ta iso da jarka da gwangwanin garin mastad, yarinya mai fara'a da ladabi. Ta fara da bayani cewa baƙuwar tsutsar iri biyu ce. Akwai ta masunta, wadda kakanninmu suka zo da ita daga Turai, tana ɓarna amma a hankali take tafiya. Akwai kuma sabuwa daga gabashin Asiya, wadda ake kira mahaukaciya, ita ba ta nutsewa ƙasa, a sama take zama tana cinye duk ganyen da ya faɗo.

Verna ta gyaɗa kai, ta waiga ta dubi Eino don ta tabbata yana ji.

Pakou ta durƙusa a bakin kwamin da Verna ta nuna mata, ta ture guntayen ɓawon itacen da aka rufe ƙasar da su. Ta ɗebi ƙasar a hannu, ta murza. Fara'arta ta ragu.

"Misis Skogen, yaushe ƙasarki ta koma haka?"

"Shekara biyar ko shida ke nan. Kin ga laushi ko? Ba na sa mata takin kanti ko cokali ɗaya."

"Kina yawan tonawa a irin wannan lokacin?"

"Da zafin nan? Gwiwoyina ba sa yarda, 'yar nan. Ni aikina na Mayu ne. In na gama rabo na rufe ta da ɓawo, sai kuma baɗi."

Pakou ta rage murya. "Ko mu bar nan sai an watse, mu gwada ni da ke kawai?"

"Zuba, 'yar nan. Ba ni da abin ɓoyewa."

Yarinyar ta dubi can wajen shinge kamar mai neman ceto, ba ta samu ba. Ta kaɗa garin a jarka, ta tsiyaya ruwan rawaya a hankali a kan ƙasar. Kowa ta zuba ido. Verna ta harɗe hannu a ƙirji.

Da farko tsutsa guda ɗaya ce ta leƙo. Kafin Verna ta buɗe baki ta ce ai ko'ina akan sami ɗaya, ƙasar ta fara motsi gaba ɗaya. Suka dinga fitowa, masu ƙiba, masu sheƙi, kowace da farin zobe a wuya. Kuma ba jan ciki suke yi ba irin na tsutsar mutunci. Birgima suke yi suna dukan ƙasa, suna wuntsilawa sama. Ɗaya ta yi tsalle ta dira a kan farin takalmin Marlys, ta yi ta watsal-watsal, ta tsinke wutsiyarta ta bar mata a kai, ta yi gaba. Wutsiyar ta ci gaba da rawa ita kaɗai. Marlys ba ta yi ihu ba, an yi mata tarbiyya. Ta ɗaga ƙafafunta biyu sama, ta riƙe farantin kek ɗinta gam, ta zauna a haka. Sauran mata suka ja kujeru baya a hankali, kowa tana yi kamar rana take gujewa.

"Masu kuzari ne kam," in ji matar fasto.

"Ga su da girma," wata ta ce. "Komai na lambun Verna dama yana girma."

Pakou ta ƙirga arba'in da bakwai a wurin da bai fi faɗin tire ba, ta daina ƙirgawa.

"To ai ni ban taɓa ganinsu ba," in ji Verna. "Duk shukar da zan bayar sai na duba ƙasarta da hannuna. Ko ɗaya ban taɓa gani ba."

"Ba za ki gani ba, Misis Skogen. Manyan duk mutuwa suke yi da sanyin farko. Ƙwansu ne ke kwana a ƙasa har bazara, ƙanana ne kamar ƙwayar barkono, kuma launinsu ɗaya da ƙasar. A watan Mayu ƙwai ne kawai." Ta ɗan yi jim, don ta ga alamar akwai abin da ba ta sani ba. "Yawanci a ƙasar tukunyar shuka suke tafiya daga gida zuwa gida. Ko a tarin ɓawon itace."

Verna ta tuna tarin ɓawon da ta gani a bakin hanya shekara bakwai da suka wuce, an kafa kwali an rubuta kyauta, ta yi sawu huɗu tana kwasa. Amma ba wannan ne ya sa wurin ya yi tsit ba. Mata goma sha huɗu ne zaune, kuma babu wadda ba ta da bokitin Verna a gida, wasu ma goma. Akwai na gaban coci, akwai na makabarta, akwai na ƙofar ɗakin karatu. Kowa ta sunkuyar da kai tana nazarin kek ɗinta.

"To," in ji Marlys, ƙafafunta na sama har lokacin, "wannan kuma daban ne."

Pakou, don ta kawar da shirun, ta ce, "Dajin da za mu je gani, an taɓa dasa wani abu a ciki?"

"A'a," in ji Eino daga jikin shinge. Shi ne karo na farko da ya yi magana. "Ba a taɓa ba. Kuma yau ba zai shigu ba, zanzaro sun yi gida a bakin hanyar." Ya sa hularsa ya tafi.

Verna ta bi bayansa da kallo. Shekara biyar na bokitai, Talata bayan Talata, ta gan su a jere a idonta. Ta so ƙasar nan da take alfahari da ita ta buɗe ta shige, sai dai ta san abin da za ta tarar a ciki.

Talata ta zo, ba ta je ba. Ta yini a lambu a kan gwiwoyin da ta ce ba sa yarda, tana zuba ruwan mastad tana tsince tsutsa tana cusawa a leda ta ɗaure ta ajiye a rana, yadda Pakou ta koya mata. Mutanen gari kuwa suka yi abin da suka iya. Suka fara kawo mata abinci a tire, kamar an yi mata rasuwa. Kafin Juma'a firjinta ya cika da taliya da nama kala shida. Ba wadda ta ambaci tsutsa. Marlys ta kawo nata ta tsaya a ƙofa ta ce bana tumatir bai yi ba, ko? Verna ta ce bai yi ba. Bayan ta tafi sai ta ga an jera mata bokitanta tara a gefen matakala, an wanke su tas har suna ƙamshin sabulu. Da a ce mutum ɗaya zai zo ya zazzage ta yadda ta saba zazzage Eino, da ta sami sauƙi. Ba wanda ya yi mata wannan alherin.

Talata ta biyu ma ta wuce. Abin da ke cin ta ba kunyar gari ba ce, wannan za ta iya haɗiyewa da kofi. Aili ta damƙa mata abu guda ɗaya, ita kuma ta ɗauki ajalinsa a bokiti ta kai masa da hannunta, tana tafe tana waƙar coci. Sannan ta zauna a barandar mutumin ta sha kofinsa tana kiransa mai kisa. Ta rasa da wace fuskar za ta taka gidan.

Ranar Talata ta uku ta ga in ta ƙara kwana ɗaya ba za ta taɓa zuwa ba. Ta shiga mota hannu rabbana, ba bokiti ko ɗaya. A bakin dajin ta zura ledar burodi a kan kowane takalmi ta ɗaure da roba, kada ta ƙara kai wani ƙwan. Barandar ba kowa. Ta bi hanyar dutsen, ledojin na ƙara a kowane taku, ba ta kuma ga zanzaro ko ɗaya ba.

A gindin dutsen ta same shi durƙushe. Ga jarkar ruwan mastad a gefensa, ga bokitin tsutsa, ga wani tsohon baho cike da ruwa. Can gefe baƙaƙen buhunan leda ne jibge a inda rana ke faɗowa, wasu har sun koɗe. Jarkar ma ba sabuwa ba ce.

Ya dubi ƙafafunta. "Burodi kika zo sayarwa?"

"Eino, ni ce."

"Na gan ki ai."

"Ba wannan ba. Ni na kawo su."

"Na sani."

Ta riga ta tsara jawabi tun a mota, mai sakin layi uku. Duk ya zube. "Tun yaushe?"

Ya goge hannunsa a wando. "Shekara biyu da wani abu. Ni masunci ne, Verna, na san tsutsa. Na tono ɗaya a nan zan sa a ƙugiya, ta fizge ta rabu biyu ta bar ni da rabi. Na ce wannan ba tawa ba ce. Sai na duba, sanƙon daga dutsen nan ya fara yana faɗaɗa, tafki kuwa yana can ɗaya gefen. Na sa guda uku a kwalba na kai wa yarinyar nan Pakou. Ban gaya mata ko lambun wa ba ne."

"Buhunan nan fa?"

"Ƙasarki ce. In kin dasa kin tafi, sai in tone, in wanke saiwar a baho, in mayar. Ƙasar in ɗaure ta a buhu rana ta dafa ƙwan."

"Duk Talata?"

"Laraba. Talata ina hutawa, kunnena na zafi."

Verna ta zauna a kan wata saiwa. Ta tuna yadda take mamakin shukokinta a nan ba sa kama ƙasa, kullum kamar jiya aka dasa su, har ta ƙara wannan a cikin laifuffukansa. Haushi ya taso mata, ta yi murna da zuwansa, don ya fi kunya sauƙin riƙewa.

"Kai wane irin mutum ne? Ka bar ni ina ta rabon annoba a gari shekara biyu, kana zaune kana kaɗa cokali a kofi?"

"Wannan kam laifina ne," ya ce. "Na yi ta cewa Talata mai zuwa zan faɗa. Na sha zagayawa gidajen mutane in ce su wanke saiwa, suka ɗauka tsufa ne ya fara taɓa ni."

"To me ya hana ka buɗe baki? Kalma nawa ce?"

Eino ya dubi bahon. Shi ba mutum ne mai doguwar magana ba, Aili takan ce a shekara hamsin maganarsa duka ba ta cika kofi ɗaya ba.

"Da Aili ta rasu, an yi wata guda ana kawo min abinci," ya ce. "Daga nan kowa ya koma harkarsa. Ba laifinsu ba ne. Amma ke kina zuwa. Da kika fara faɗan ma sai kika fi daɗewa, da minti goma kike yi, ya koma awa guda. Kuma a duk garin nan ke kaɗai ce har yanzu kike faɗin sunanta da ƙarfi. Sauran in sun gan ni sai su yi maganar yanayi." Ya ɗaga kafaɗa. "Na san ki. Na san in kin gane, kunya za ta hana ki zuwa. Ga shi kuwa, Talata biyu ina zubar da kofi."

Verna ta yi kuka, irin kukan da ba ta yi ba ko a jana'izar. Eino ya bar ta ta yi, ya ci gaba da tsince tsutsa yana jefawa a bokiti, suna ta buge-buge a ciki.

Da ta lafa ta share fuska da hannun riga. "Zai dawo?"

"Nan? A'a. Na tambaya. Ba su da magani tukuna. Abin da nake yi ɗin nan ma rage zafi ne kawai." Ya nuna gabas da haɓarsa. "Amma ba su tsallaka rafin da ya ratsa dajin ba. Can hayin yana nan yadda ta bar shi, bana furannin sun fito har ba wurin taka ƙafa. In ba wanda ya kai musu, za su daɗe ba su isa ba. Ni kaɗai ba na iya wanke-wanken nan da tsaron rafin, bayana ya fara gardama."

Ta dubi hayin ta tsakanin itatuwa. Daga nan ma ana ganin duhun ganyen da ke ƙasa, mai kauri, yadda duk dajin yake a da. Ba ta ce za ta je ta gani ba, shi ma bai ce ta je ba.

"Ban san yadda zan zauna a barandarka ba yanzu," ta ce. "Me zan ce maka?"

"Abin da kika saba."

"Ba ni da bakin zaginka, Eino."

"Ki duba da kyau. Na yi ƙarya a gaban matar fasto. Na bar gari ya cika da tsutsa. Magudanar rufin gidana ta toshe tun bara."

Verna ta ja hanci. Ta dubi bahon, ta dubi saiwoyin da ya jera a kan dutse, rabinsu duk ya tsittsinke su.

"Haka ake wanke saiwa? Kamar mai wankin safa? Matsa can, ka kashe min rabin shuka." Ta durƙusa a gefensa, gwiwoyinta suka yi ƙara, ta tsoma hannu a ruwan. "Aili ta gaya min ba ka san fure da ciyawa ba, na ɗauka sharri take maka."

Eino ya matsa ya ba ta wuri.

"Ci gaba," ya ce. "Ina ji."